Ensiform: sifar Ingilishi mai nufin "mai kama da takobi"

Ensiform sifa ce a harshen Ingilishi da ake siffanta abu da ita idan ƙirarsa ta yi kama da ta takobi: dogo, miƙaƙƙe, marar kauri, gefensa biyu sun fita kamar kaifi, sannan ya tafi yana tsukewa har ya ƙare da tsini. Ba kalmar hira ba ce. Mutumin Ingila zai iya tsufa bai taɓa furta ta ba, domin gidanta littattafan ilimin tsirrai ne, da na sassan jikin ɗan Adam, da na ƙwari. Tana da 'yan'uwa masu ma'ana kusan ɗaya, wato xiphoid da gladiate da ensate da swordlike, kuma kowacce da fagen da ta fi kama ƙasa.

Abin da ya kamata mai karatu ya riƙe tun farko shi ne, kalmar tana magana ne a kan ƙira kawai. Abin da aka kira ensiform ba lallai ya yi yanka ba, ba lallai ya yi tauri ba. Ganye mai laushi da yaro zai tsinke da yatsa biyu yana iya cin wannan suna.

Asalin kalmar

Daga Latin ta fito, ta biyo ta Faransanci, ta shiga Ingilishi a ƙarni na 16. Gaɓa biyu aka haɗa: ensis, wato takobi, da forma, wato siffa. Rumawa suna da kalmomi biyu na takobi. Gladius shi ne sunan yau da kullum, gajeren takobin da sojan Rum ke ratayawa, kuma daga shi aka sami gladiate da kuma gladiator, sunan mayaƙan nan da ake kallon faɗansu a dandali. Ensis kuwa kalmar mawaƙa ce, irin wadda Virgil, mawaƙin Rumawa, yake sawa a baitocinsa, kamar dai yadda Bahaushe zai ce takobi a kasuwa amma a ji kansakali a bakin mai kirari. Xiphoid ita daga Girkanci take, daga xiphos, takobin Girkawa na dauri mai kaifi biyu, kuma sai a ƙarni na 18 ta zauna a Ingilishi. Swordlike ce kaɗai 'yar gida, domin tushenta sword yana cikin harshen tun zamanin tsohon Ingilishi.

Duk takubban nan uku miƙaƙƙu ne masu kaifi biyu, kuma wannan yana da muhimmanci ga ma'anar. Wanda ya taɓa tsayawa kallon hawan sallah ya ga mahayi ya zare takobi daga kube ya ɗaga, ya riga ya ga ainihin ƙirar da ake nufi, domin takobin Hausawa da na Abzinawa ma miƙaƙƙe ne, kaifi ta nan, kaifi ta can. Lanƙwasasshen takobi mai kaifi ɗaya ba ya shiga nan. Shi masana tsirrai sun ware masa tasa sifar daban, acinaciform.

A ilimin tsirrai

Nan ne kalmar take da rai har yau. Carl Linnaeus, masanin nan na ƙasar Suwidin da ya tsara yadda ake raɗa wa tsirrai da dabbobi suna, ya jera sifofin ganye a littafinsa Philosophia Botanica na shekarar 1751, kuma ensiforme tana cikinsu, tare da wasu da aka aro daga kayan yaƙi: mai kama da mashi, mai kama da kan kibiya, mai kama da gatari. Kafin a sami hoto mai araha, da irin waɗannan kalmomi ne mai bincike a wata ƙasa yake gane shukar da wani ya bayyana a wata ƙasar ba tare da ya gan ta ba, shi ya sa ba a yi musu riƙon wasa ba.

Ba kowane dogon ganye mai tsini ne ensiform ba, kuma a nan ɗalibai suke yawan tuntuɓe. Ganyen dawa ko na masara dogo ne, yana da tsini, amma yana da fuska da baya: gefe guda yana kallon rana, ɗayan yana kallon ƙasa, kuma yakan ranƙwafa. Shi ganyen ensiform na gaskiya a tsaye yake ƙyam, kuma gefensa ne yake fuskantar karan shukar. Idan mutum ya tumɓuke shukar furen da ake kira gladiolus ya duba gindinta, zai ga ganyayen sun fito a jere sun baje kamar mafici, kowane ɗaya ya naɗe gindin na cikinsa kamar mahayi ya haɗa ƙafafu a kan sirdi. Ya juya ganyen ta nan, ya juya ta can, duk iri ɗaya ne, babu fuska babu baya, kamar dai ruwan takobi.

Sunan gladiolus kansa ma'anarsa ƙaramin takobi. Mafi yawan ire-irensa a Afirka kudu da Sahara suke, musamman can ƙarshen kudancin nahiyar, kuma wani nau'insa yana fitowa a dazuzzukanmu da damina, wanda Hausawa suke kira rumana. Furen iris, ɗan'uwansa a dangi, shi ma irin ganyen yake da shi, har wani nau'insa na ƙasar Japan aka raɗa masa Iris ensata.

Ba ganye kaɗai ba. Akwai wani wake mai suna Canavalia ensiformis, ɗan asalin yankunan zafi na nahiyar Amurka, wanda kwanson 'ya'yansa yakan kai tsawon santimita 30, dogo shafaffe kamar takobi a kube. Ɗan'uwansa kuma Canavalia gladiata, ma'ana ɗaya da kalma daban. Waken farko ya shiga tarihin kimiyya, domin daga garinsa ne James Sumner na Jami'ar Cornell ya tace sinadarin urease a shekarar 1926, ya nuna cewa irin waɗannan sinadarai masu gaggauta aikin jiki furotin ne, aikin da ya ba shi kyautar Nobel a 1946.

A jikin ɗan Adam

Idan mutum ya ɗora yatsa a tsakiyar ƙirjinsa ya biyo ƙashin ƙasa-ƙasa, zai iso inda haƙarƙarin dama da na hagu suka rabu, ya ji wani ɗan abu mai tsini da yake ɗan motsawa idan an danna, kuma danna shi ba daɗi. Bahaushe ya daɗe da sanin wurin: ƙahon zuciya. Tsofaffin littattafan likitancin Ingilishi suna kiransa ensiform cartilage, wato guringuntsi mai kama da takobi, na yanzu kuma suna cewa xiphoid process. Abu ɗaya ne. Tun da masana sassan jiki suka hallara a birnin Basel na ƙasar Suwizalan a 1895 suka daidaita sunaye da Latin, sunan da ke da tushen Girkanci ya yi rinjaye, ensiform ta ja baya a asibiti ta bar wa xiphoid fage. Ɗalibin aikin jinya da ya ci karo da sunayen biyu kada ya ɗauka gaɓoɓi biyu ne.

Kwatancen ya fi armashi idan aka dubi ƙashin ƙirjin gaba ɗaya. Kashi uku ne. Na sama mai faɗi sunansa manubrium, kalmar Latin mai nufin ƙota ko mariƙi. Na tsakiya, dogon, a da ana ce masa gladiolus, sunan da furen nan yake amsawa. Na ƙasa shi ne tsinin. Wato masanan farko sun ga takobi ne sukutum a ƙirjin mutum, ƙota a wajen wuya, tsini yana kallon cibiya. Jalinus, likitan Girka na ƙarni na 2, ya yi amfani da kalmar Girkancin da ta haifi xiphoid a rubutunsa kan ƙasusuwa, sai dai shi ya ce ƙashin ƙirji gaɓa bakwai ne, saboda birai ya fi feɗewa. Wannan ƙidaya ta yi shekaru fiye da dubu ana karanta ta, har Andreas Vesalius, masanin sassan jiki, ya feɗe gawar mutum ya nuna a littafinsa na 1543 cewa a babban mutum uku ne.

Masu rubutu da Larabci su wuƙa suka gani. Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya ambaci wannan guringuntsi a littafinsa Al-Ƙanun da sunan alkhanjari, don kamarsa da wuƙar da ake kira hanjar, ya ce garkuwa ne ga bakin tumbi. Jamusawa suka fassara sunan kai tsaye da kalmarsu ta takobi. Bahaushe kuwa ƙaho ya gani, kuma a gaskiya nasa kwatancen ya fi kusa da abin da yatsa yake ji, domin gajere ne, yawanci tsakanin santimita 2 zuwa 5, kuma sau da yawa a ɗan karkace yake. A wasu mutanen bakinsa ya rabu biyu, a wasu yana da 'yar huda a tsakiya, kuma duk wannan halitta ce, ba cuta ba.

Ƙanƙantarsa ba ta hana shi aiki ba. Tsokar nan mai faɗi da ta raba ƙirji da ciki, wadda muke jan numfashi da ita, tana da mariƙa a bayansa, tsokokin gaban ciki ma a nan suka kama. A ƙuruciya guringuntsi ne, sai ya yi ta ƙanƙamewa a hankali, wajen shekara 40 ya zama ƙashi. Shi ya sa ake samun dattijon da zai shafa ƙirjinsa wata rana ya ji tauri inda bai saba ji ba, ko wanda ya rame bayan jinya ya ga abu ya turo, hankalinsa ya tashi ya ɗauka ƙari ne. Haka uwar da ta ga ɗan tudu a ƙasan ƙirjin jaririnta yana bayyana idan ya yi kuka. Mafi yawan lokuta ƙahon zuciya ne kawai, ko da yake duba likita ba ya ɓaci. Abin lura kuma, idan mutum ya ce ƙahon zuciyarsa yana masa zafi, galibi ba ƙashin ba ne yake ciwo, abin da ke bayansa ne, kamar gyambon ciki, wani lokaci ma ciwon zuciya, wanda ba a yi masa jinkiri.

Ma'aikatan lafiya suna amfani da shi a matsayin alama. Mai sa wa majinyaci robar abinci ta hanci tana auna tsawonta daga hanci zuwa kunne, daga kunne zuwa ƙahon zuciya. A wajen awon ciki, idan saman mahaifa ya kai kusa da shi, an san ciki ya kai wajen mako 36. Wajen danna ƙirjin wanda zuciyarsa ta tsaya kuwa, ana koyar da a ɗora tushen tafin hannu a rabin ƙashin ƙirji na ƙasa amma a kauce wa tsinin, domin idan ya karye yana iya raunata hanta da ke ƙarƙashinsa.

Daga wannan tushe aka sami xiphopagus, sunan tagwayen da aka haifa manne da juna ta wannan wuri. Mafi shahara su ne Chang da Eng Bunker, waɗanda aka haifa a Siyam, Tailan ta yau, a 1811, suka rayu a haɗe har suka rasu a Amurka a 1874.

A sunayen dabbobi

Nan tushen kalmomin ya fi bayyana a sunayen kimiyya. Kifin teku mai dogon baki shafaffe da yake saran ƙananan kifaye da shi, Linnaeus ya raɗa masa Xiphias gladius a 1758, sunan farko daga kalmar takobi ta Girkanci, na biyu takobi da Latin. Gyare da danginsa suna cikin rukunin Ensifera, masu ɗauke da takobi, saboda dogon tsinken da macen take da shi a bayanta, wanda take soka ƙasa ko jikin shuka da shi ta zuba ƙwai. Fara ba ta cikinsu, nata abin zuba ƙwan gajere ne. Akwai kuma wani ɗan tsuntsu mai shan ruwan fure a tsaunukan Andes na Kudancin Amurka, Ensifera ensifera, wanda bakinsa ya fi gangar jikinsa tsawo, har da ƙafa yake gyara gashinsa don bakin ba ya lanƙwasowa ya kai.

Amfani, furuci da fassara

Cikin dukan kalmomin, swordlike ce kaɗai ake ara a siffanta abin da ba a taɓawa, kamar kaifin harshe ko kaifin kallo ko hasken da ya keto duhu. Ba a yin haka da ensiform ko xiphoid, wanda ya gwada ma sai maganar ta yi banbaraƙwai. Gladiate da ensate kusan ba a ganinsu sai a bayanin tsirrai. Xiphoid kuma ta wuce sifa ta zama suna a bakin likitoci, su ambace ta ita kaɗai a gane ƙashin suke nufi.

Wajen furuci, harafin x na farkon xiphoid kamar z ake faɗarsa, ph kuma kamar f, harafin w na sword kuwa ba a furta shi. Mai fassara zuwa Hausa ba ya bukatar ƙago sabuwar kalma. Idan ganye ne ko kwanso ko bakin kifi, "mai siffar takobi" ta wadatar, kuma ta fi "mai kaifi kamar takobi" daidai, tunda ba yanka ake nufi ba. Idan kuwa a takardar asibiti ya gamu da ita, ko a darasin agajin gaggawa da za a karanta wa mutanen gari, ƙahon zuciya zai rubuta, domin shi ne sunan da mai sauraro zai ji ya kai hannu wurin nan take.