Waiwaye: Kalanda ta riga waya yanka hoto

Har yanzu ana ta kai ruwa rana a majalisun Kano kan gajerun finafinan nan da matasa ke haɗawa da yankakkun hotuna. A yanko kan mutum daga jarida, a ɗora shi a kan buhun shinkafa, baki na motsi, kwanon awo na ƙanƙancewa. Wasu na cewa rashin tarbiyya ne da waya ta kawo jiya-jiya. A kan jiya-jiyan nan muka rabu da su.

A ƙetare abin ya tsufa. Tun 1917 Quirino Cristiani ya yi fim da yankakken kwali kan siyasar Ajantina. A shekarun 1930 John Heartfield, mai haɗa hotuna ɗan Jamus, ya yaƙi 'yan Nazi da almakashi da gam, sai Jan Lenica na Folan ya ci gaba da motsa irin waɗannan hotuna a shekarun 1960.

Namu tushen kuwa, wanda ba a cika tunawa da shi ba, kalanda ce. Lokacin yaƙin Tekun Fasha a 1991 ina yaro, na sha tsayawa gaban mai kalanda a Bata, cikin Kano. Ya baza hajarsa a ƙasa, ya danne da duwatsu saboda iska. Takarda ɗaya ce, amma an cusa mata jiragen yaƙi, tankoki, wuta, da kan Saddam wanda ya fi tanka girma. Dattijon da bai yi boko ba sai ya durƙusa ya karance ta tsaf. Ya san wanda aka girmama hotonsa shi ne gwarzo, wanda aka jefa can ƙasan kusurwa kuma an kayar da shi. Teloli da masu shayi suka riƙa mannawa a bango, ana musu a ƙarƙashinta har dare. A ganina nan idon Bakano ya koyi cewa inda aka ajiye hoto ma magana ce, kuma babu wanda ya kira abin fasaha a lokacin.

Da wayar salula ta zo a 2001, daga baya masu tura waƙa a kasuwar waya ta Farm Centre suka fara jera hotuna a kan sauti. Motsi kawai aka ƙara. Fim irin na Kannywood sai da kyamara da 'yan wasa da jari, yankan hoto kuwa ko ɗalibi zai iya.

Shekaranjiya na tarar da ɗan ƙanwata a zaure yana zagaye hoton jarkar fetur da yatsa a kan fasasshen gilashin wayarsa. Na ba shi labarin kalandar Bata. Ya ɗago ya ce, "Kawu, ko akwai wadda ka adana in gani?"