Sikutar lantarki mai naɗewa a Abuja: amsar tambayoyin da ake yi mini a hanya

Na fi shekara guda ina zuwa aiki da sikutar lantarki, irin wadda ake tsayawa a kanta, in an isa a kwantar da wuyanta a ɗauke ta a hannu. A Kubwa nake zaune, ofishinmu kuma yana Wuse 2. Tun da aka cire tallafin man fetur ranar 29 ga Mayun 2023 kuɗin mota ya zama abin da ke cinye albashin ƙaramin ma'aikaci, shi ya sa da wuya in yi kwana biyu wani bai tsayar da ni ba, a bakin masallaci ko a ƙofar ofis, yana tambayar yadda abin yake. Ga tambayoyin da suka fi yawa, da abin da nake faɗa musu.

Malam, wai daga Kubwa kake hawo ta har cikin gari?

A'a, kuma ina roƙon kowa da Allah kada ya gwada. Daga Kubwa zuwa tsakiyar gari ya haura kilomita 20, a kan babbar hanyar da motoci ke sheƙa gudu, ga tireloli, ga masu fita hannu ba sigina. Mutumin da ke tsaye a kan taya mai girman inci 8 da rabi ba shi da wurin zama a wannan titi. Haka hanyar Nyanya da Mararaba take, haka ta Lugbe da filin jirgi.

Abin da nake yi shi ne, na hau ta daga gida zuwa bakin titi, na naɗe ta na sa a but ɗin motar haya, in na sauka a Berger na buɗe ta na ƙarasa ofis. Waɗannan guntayen tafiyoyi biyu, na farko da na ƙarshe, su ne aikinta. Kuma su ne suka fi wahalar da mutum a Abuja, domin gari ne da aka shimfiɗa don masu mota, kuma tun 2006 aka hana 'yan acaɓa aiki a tsakiyarsa. In ka sauka daga mota, ko dai ka taka a rana ko ka sake biyan tasi. Wanda gidansa da wurin aikinsa duk suna cikin unguwa ɗaya, kamar Gwarinpa ko Garki, shi ya fi kowa morar ta, don ba ya ma buƙatar mota a tsakani.

Me zan fara dubawa, gudu ko batir?

Nauyi. Na san ba amsar da ake jira ba ke nan, amma duk wanda na sani ya sayi sikuta ya jingine ta a lungu, nauyi ne ya raba su. A shago kowa yana iya ɗaga kilo 20 sau ɗaya ya ce ai ba komai. Ɗaukar ta kullum zuwa hawa na uku ranar da lifta ba ta aiki, ko cusa ta a but direba yana maka tsawa fasinjoji na jira, wannan wani abu ne daban.

Bari in ba da misali da guda biyu da aka fi sani a duniya. Xiaomi M365 nauyinta kilo 12 da rabi ne, ana iya hawa bene da ita da hannu ɗaya. Ninebot Max G30 ta kamfanin Segway kuwa ta kusa kilo 19, ta fi ƙarfi, ta fi nisan zango, amma kafaɗa tana jin ta. In za ka riƙa haɗa ta da mota ko matakala, ni a ganina kada ka wuce kilo 15. In daga ƙofar gida za ka tuƙa ta har ƙofar ofis kuma kana da inda za ka ajiye a ƙasa, to nauyi ba zai dame ka ba, sai ka sayi mai babban batir. Ka kuma auna tsawonta a naɗe, domin a yawancinsu wuya ne kawai ke kwanciya, hannayen suna nan a buɗe, kuma but ɗin ƙananan motocin haya sau da yawa akwai kayan wasu a ciki.

A jikin kwali an rubuta kilomita 30. Gaskiya ne?

Gaskiya ne a irin yanayin da suka gwada ta: mutum marar nauyi, titi shimfiɗaɗɗe, gudu kaɗan kuma ba tsayawa. Kai kuma kana da jakar kwamfuta a baya, ga tudu, ga tsayawa a kowace mahaɗa. Ni lissafin da nake yi shi ne in ɗauki kashi biyu cikin uku na abin da aka rubuta, kuma in tabbatar ya ishe ni zuwa da dawowa har da saura.

Abin da ya fi lambar kilomita amfani shi ne girman batirin kansa, wanda ake rubutawa da Wh. In ba a rubuta ba, ka ninka lambar V da lambar Ah da aka rubuta wa batirin. Batirin M365 yana da 36V da 7.8Ah, wato kimanin 280Wh, shi ne kamfanin ya ce yana kai kilomita 30. Na G30 yana da 551Wh, an ce kilomita 65. To in mai shago ya nuna maka wata da ba a san sunanta ba, batirinta 280Wh amma kwalin ya ce kilomita 60, ka san akwai magana. Batir yana cin kaso mai tsoka na kuɗin sikuta, kuma a nan masu arha suke rage kaya, tunda ba a ganin cikinsa.

Za ta hau tudun Asokoro?

Wadda injinta ke da ƙarfin wat 250 za ta wahala, musamman in mai ita yana da jiki, har sai ya riƙa taimaka mata da ƙafa. Wanda hanyarsa ta bi ta Asokoro, Guzape, Katampe ko wasu sassan Maitama ya nemi wat 350 zuwa sama. A lura, kamfanoni kan rubuta lamba biyu, ƙarfin da injin ke bayarwa kullum da wanda yake kaiwa na ɗan lokaci. Ta farkon ita ce abin dubawa. Yawancin ƙananan kuma an ƙayyade musu ɗaukar kilo 100, da mutum da kayansa.

Taya mai iska ko ta roba zalla?

Wannan ita ce tambayar da na fi daɗewa a kanta, don na ɗanɗana duka biyun. Tayar roba zalla ba ta faci, wannan ne kawai alherinta. A kan kwalta mai santsi lafiya lau, amma da ka shiga layukan cikin Kubwa ko inda aka shimfiɗa bulon ƙasa, duk wani tsakuwa sai ka ji shi a haƙoranka, kuma wannan girgizar tana kwance kusoshi tana wahalar da batir. In ƙasa ta jiƙe ma ta fi saurin zamewa.

Mai iska ta fi riƙe ƙasa, ta fi daɗin hawa, amma ranar da ta yi faci za ka san ka sayi ƙaramar taya. Na taɓa kai tawa wajen wani mai faci a bakin hanya, dattijo ne da ya daɗe a sana'ar. Ya juya ta, ya sa ƙarfen ɓanɓare taya, ta ƙi fita. Sai da muka jiƙa ta a ruwan zafi ta yi laushi, muka yi kusan awa guda, yana ta cewa, "Ɗana, tayar tirela ta fi wannan sauƙin kai." Tun daga ranar nake ajiye tib biyu a gida, kuma duk mako ina duba iska, domin yawancin facin waɗannan tayoyi daga ƙarancin iska yake zuwa, tib ɗin ya riƙa gogar taya har ya tsage.

In da hali, a sayi mai inci 10 wadda ba ta da tib. Bambancin inci ɗaya da rabi da ke tsakaninta da mai inci 8 da rabi kamar ba komai ba ne, amma a bakin rami ko a kan murfin magudanar ruwa da ya tsage, shi ne bambancin wucewa da kifewa.

Damina fa?

Daga Afrilu zuwa Oktoba ruwa ba ya sallama a Abuja. Ka duba alamar IP a takardar: IP54 na nufin tana jure ƙura da fantsamar ruwa, IPX5 ta fi ta jure ruwa. Babu wadda aka yi don shiga kududdufi, ga shi batirin yana ƙarƙashin inda kake taka ƙafa, 'yan yatsu kaɗan daga ƙasa. In hadari ya haɗu na naɗe ta na nemi mota. In ta jiƙe, a bar ta ta bushe sarai kafin a jona ta da wuta.

Da wannan wutar tamu, ina za a yi caji? Kuma an ce suna kamawa da wuta.

Cin wutarta kaɗan ne. Cajar ƙaramar ba ta wuce ta kwamfutar tafi-da-gidanka da yawa ba, tana cika cikin awa biyar zuwa shida, don haka inbata ko sola ta gida tana ɗauka. Ko a layin Band A, wanda ya fi tsadar kuɗin wuta, inda yunit ya haura naira 200 tun Afrilun 2024, cika batirin 280Wh bai kai naira 100 ba. Ka kwatanta da kuɗin keke napep na zuwa bakin titi sau ɗaya.

Maganar gobara kuwa ba jita-jita ba ce, kuma ba na wasa da ita. Batirin litiyam in ya lalace ko aka yi masa caji da cajar da ba tasa ba yana iya kamawa, wutarsa kuma tana da wuyar kashewa. Saboda haka ne hukumar sufurin birnin Landan ta hana shiga jiragen ƙasa da motocinta da sikutar lantarki tun Disambar 2021, kamfanonin jiragen sama ma ba sa ɗaukar batirin da ya wuce 160Wh a jirgin fasinja. Wanda ke son haɗa ta da jirgin ƙasan cikin gari da aka sake buɗewa a Mayun 2024, ya fara tambayar ma'aikatan tasha kafin ya dogara da hakan.

A gida, kada a bar ta a caji a kwanta barci, kada a jona ta a ƙofar ɗaki ko a hanyar fita, musamman inda yara suke. In ka dawo da ita cikin zafin Maris da Afrilu, bar ta ta huce kamar rabin awa tukuna. Kada a bar ta a but ɗin mota a rana. Wutarmu tana hawa da sauka, don haka a sa mata abin kare na'ura, kuma a zare caja in an ɗauke wuta, kafin a dawo da ita da ƙarfi. In a jikinta akwai shaidar gwajin UL 2272, wato na amincin batir da kayan lantarkinta, wannan alama ce mai kyau.

Ina take fara lalacewa?

A wuya, daidai inda take naɗewa. Duk nauyin hannunka da duk birkin da ka taka a nan suke sauka. Ko kamfanin Xiaomi sai da ya janye wasu M365 daga kasuwa a 2019 saboda wani kusa na wurin naɗewar da ke iya kwancewa. A shago ka buɗe ta, ka kulle, ka riƙe birki ka tura hannun gaba da baya. In ka ji tana ƙwas-ƙwas tun tana sabuwa, ajiye ta. Ka nemi wadda ke da makulli na biyu da ke hana na farkon buɗewa da kansa, kuma mai birki biyu, na hannu da na inji.

Yaya, ni mace ce, da abaya nake fita. Zan iya?

Ƙwarai kuwa, ƙanwata, ai ba a buɗe ƙafa a kanta kamar babur. Abin kula shi ne bakin abaya ko mayafi kada ya sauka kusa da tayar baya, a tattare shi a gaba. Haka nake gaya wa maza masu babbar riga ranar Juma'a. Takalmi kuma ya zama mai riƙe ƙafa, ban da silifa.

Hukuma ba za ta kama ni ba?

Kafin ka kashe kuɗinka, je ofishin VIO da ke Mabushi ka gaya musu irin abin da za ka saya da unguwannin da za ka bi, ka ji daga bakinsu. Ka riƙa yawo da hoton rasit a waya. Sauran kuma tsakaninka da ranka ne: hular kwano kullum, fitila gaba da baya, riga mai ƙyalli in magariba ta yi, mutum ɗaya a kai, ban da ɗora yaro a gaba. Kilomita 25 a awa shi ne iyakar da ƙasashe irin su Faransa suka sa, Jamus ma 20 ta yarda, kuma wanda ya taɓa taka birkin gaggawa a kan ƙaramar taya ya san dalili. A gefen da mutane ke tafiya a ƙasa, ka sassauta kamar mai tafiya, ko ka sauka ka tura.

Na ga ta hannu da arha a intanet. In saya?

Araha ba ta ado, amma ta hannu mai sanannen suna ta fi sabuwa marar suna, don kayan gyaranta suna samuwa. Matsalar ita ce batirin litiyam yana raguwa bayan caji ɗari uku zuwa ɗari biyar, kuma wanda aka ajiye watanni babu caji yakan mutu gaba ɗaya. Kada ka tura kuɗi kafin ka gani. Ku haɗu da rana a wurin jama'a, ka haɗa ta da manhajar kamfanin a wayarka ka ga yawan kilomitan da ta ci. Leƙa ƙarƙashinta, in kusoshin murfin batir sun ci ko akwai tsatsa, an taɓa buɗewa ko ruwa ya shiga. Tabbatar cajar ta asali ce. Sannan ka ce wa mai ita a cika ta, ka hau ta minti goma sha biyar a kan tudu mafi kusa, ka dawo ka duba nawa ya rage a batirin kafin ku fara maganar farashi.