Kaɗaici a gajerun finafinan katun: tambayoyin da na gaji da amsawa

Wai katun ba na yara ba ne?

A'a. Mu wuce.

Me ya sa ba a cika magana a cikinsu ba?

Da wa mutumin zai yi maganar? Dubi Geri's Game na kamfanin Pixar, na 1997. Tsoho ne a lambu yana wasan dara irin na Turawa shi kaɗai, ya buga, ya tashi ya zagaya ɗaya kujerar ya rama. Dariya za ka yi tukuna, sai can daga baya ka tuna babu kowa a kujerar.

Me ya sa masu zane suka ƙwallafa rai a kan wannan jigo?

Har da wahala a ciki. Daƙiƙa ɗaya ta fim hoto 24 ce, mai zanen hannu kan zana 12. Zana mutum ɗaya ya fi zana taron jama'a sauƙi.

Ina son yin nawa. Yaya zan nuna kaɗaici ba tare da na gundure mai kallo ba?

To, wannan ce tambaya, kuma ba ta da amsa guda. Kuskuren da na fi gani shi ne a zaunar da mutum bakin taga ya zuba tagumi na minti biyu. Don Allah ku daina. Ba shi abin yi. A Father and Daughter na Michaël Dudok de Wit, na 2000, yarinya ce ke ta komawa bakin ruwa a kan keke, inda mahaifinta ya shiga kwale-kwale bai dawo ba, har tsufa ya cim mata. Hanyar ɗaya ce, amma kowace komawa akwai abin da ya sauya. A fim ɗin Kunio Kato na Japan, La Maison en Petits Cubes, na 2008, lofen tsoho ne ya faɗa ruwa, ya nutsa nemansa, yana ratsa ɗakunan gidansa da ruwa ya shanye, inda ya zauna da iyalinsa. Dukansu sun ci Oscar, babbar kyautar finafinai ta Amurka. Sai dai kada ka ɗauki wannan a matsayin doka. Wani lokaci tsayawa cik ɗin ne ke aiki, in sauti da kiɗa sun riƙe wurin. Nuna fim ɗinka ga wanda bai san labarin ba, ka lura da inda ya ɗauko waya.

Na kalli ɗaya har na yi hawaye. Lafiya kuwa?

Lafiya lau. Share hawayenka.