Tiren Abinci a Bakin Ƙofa

A wasu gidaje a Japan, uwa kan ajiye tiren abinci a bakin ƙofar ɗakin ɗanta, ta ƙwanƙwasa a hankali, ta juya. Sai dare ya raba ƙofar ke buɗewa. Da safe ta tarar da kwano ba komai a ciki, kuma da wannan kwanon take sanin ɗanta ya kwana lafiya. Haka za a yi shekara biyar, goma, wani gidan har ashirin.

Japanawa na kiran wannan hali hikikomori, wato mutum ya janye jikinsa daga jama'a ya kulle kansa. Likitan ƙwaƙwalwa Saito Tamaki ne ya yaɗa kalmar a 1998. Ana sa mutum a wannan sahu idan ya yi wata shida ko fiye ba makaranta, ba aiki, ba hulɗa da kowa sai 'yan gida. Wasu kan lallaɓa da tsakar dare zuwa shagon da ba ya rufewa, su yi sayayya su dawo ba su ce wa kowa uffan ba.

Ƙiyasin da gwamnatin Japan ta fitar a 2023 ya kai mutum miliyan 1.46 'yan shekara 15 zuwa 64. Da ana ɗauka matsalar samari ce, sai binciken 2019 ya nuna kimanin 613,000 'yan shekara 40 zuwa 64 ne. Akwai abin da suke kira matsalar 8050: iyaye sun kai tamanin, ɗa ya kai hamsin, kuɗin fanshon tsofaffin ne ke ciyar da gida. Ranar da suka faɗi, wa zai ajiye tiren?

A matsayina na ma'aikaciyar lafiya, abin da ya fi ci mini rai shi ne a ce lalaci ne. Wani cin zali ne a makaranta ya kore shi, wani faɗuwa jarrabawa, wani wulaƙancin wurin aiki. Da yawa sun gama karatu bayan karyewar tattalin arziki a farkon shekarun 1990, suka nemi aiki suka rasa. Wasu kuma akwai ciwon damuwa ko fargaba a ƙarƙashi, wanda ke buƙatar likita. Kunya kuma sai ta rufe bakin iyaye, su ɓoye wa dangi da maƙwabta, abu ya daɗa tsawo.

Shi ya sa ƙungiyar iyalai ta KHJ, da aka kafa a 1999, ta fara da iyayen: su zauna da masu irin damuwarsu, su koyi magana da ɗa ba gori ba tsawa. Daga 2009 gwamnati ta soma buɗe cibiyoyin tallafi a larduna. Masu fafutuka kuma sun tsaya tsayin daka kan kamfanonin da ke karɓar maƙudan kuɗi su fito da mutum da ƙarfin tsiya, domin wanda aka jawo haka tsoro yake ƙarawa, har ya daina yarda da iyayensa.

Dubi Fujisato, wani ƙaramin gari a lardin Akita. Ma'aikatan jin daɗin jama'a sun bi gida-gida suka gano mutum 113 da suka janye. Nasiha ba ta fito da su ba. Da aka riƙa kai musu takardar sanarwar koyon sana'a ana barin ta a gida, sai suka fara leƙowa, don ashe aiki suke so. A 2010 aka buɗe musu cibiya, wasunsu suka kama girki da hidimar baƙi a ɗakin cin abincinta.