Ƙungiyar Fugitives da waƙar Kudancin ƙasar Amurka

Fugitives, wato waɗanda suka tsere, wani gungun marubuta waƙa ne da masu sharhin adabi da suka taso a jami'ar Vanderbilt dake birnin Nashville a jihar Tennessee ta Amurka. Manyansu sune John Crowe Ransom wanda malami ne a jami'ar, sai Donald Davidson da Allen Tate da Robert Penn Warren wanda shine ƙaramin cikinsu. Da dare suke haɗuwa a falon wani gida, kowa yazo da waƙarsa da ya buga a tafireta da kwafin da zai rabawa sauran, ya karanta, sannan a hau ta baiti baiti ana tsefewa ba sani ba sabo. Daga wannan zaman ne mujallar The Fugitive ta fito a Afrilun 1922, ta tsaya a ƙarshen 1925.

Da fari abun da suke gudu shine waƙoƙin kuka da begen tsohuwar Kudu, irin waɗanda aka dinga yi tun bayan da yankin ya sha kashi a yaƙin basasa na 1861 zuwa 1865. A lokacin mutanen Arewa sun raina Kudu ba kaɗan ba, har ɗan jarida H. L. Mencken ya kwatanta ta da hamadar Sahara wai dan babu ilimi babu fasaha, da alama dai bai taɓa jin labarin Timbuktu ba. Shari'ar Scopes ta 1925 a garin Dayton, inda aka gurfanar da malamin makaranta dan ya koyar da ra'ayin Darwin na cewa ɗan Adam daga wasu halittu ya rikiɗo, ita ce ta ƙara tunzura su, jaridu suka maida Tennessee abun dariya, su kuma suka juya suka koma kare yankinsu. A 1930 mutum 12 suka fitar da littafin I'll Take My Stand suna cewa rayuwar noma tafi ta masana'antu, Ransom da Tate da Davidson da Warren duk suna ciki.

Abun mamakin shine waɗannan masu kishin yankin su ne kuma suka kafa mazhabar sharhin da ta cire waƙa daga yankinta. Ransom ya koma kwalejin Kenyon a Ohio a 1937, ya kafa mujallar Kenyon Review a 1939, littafinsa na 1941 mai suna The New Criticism shi ya bawa mazhabar suna, Sabon Sharhi kenan. Ƙa'idar ita ce a kalli kalmomin dake kan takarda kawai, kari, siffantawa, yadda ma'ana biyu ke karo da juna a baiti ɗaya, amma tarihin mai waƙar da garinsu da siyasarsa a ajiye su gefe. Littafin Understanding Poetry da Warren ya rubuta tare da Cleanth Brooks a 1938 ya shiga azuzuwa ko'ina a ƙasar, shekaru da dama da shi ake koyar da waƙa.

Daga shekarun 1960 masu suka suka taso musu, suna cewa ajiye tarihi gefe ai yayi musu daɗi ne, tunda Kudun da suke yabo gumin bayi da wariyar launin fata ne suka gina ta. Kuma akwai ƙamshin gaskiya, dan a 1932 Sterling Brown, baƙar fata, ya fitar da littafin waƙoƙi Southern Road mai cike da muryar leburori da manoman wannan Kudun dai, waƙar da ba zata fahimtu ba sai kasan waye yake rerawa. Maƙalar Warren ta cikin littafin I'll Take My Stand na 1930 ta kare wariya, daga baya ya janye, har ya zagaya yana hira da jagororin baƙaƙen fata ya fitar da littafi a 1965. Davidson kam bai taɓa janyewa ba har ya mutu a 1968.