Machu Picchu fa ba shi ne babban birnin Inka ba

Da an ce daular Inka, tsohuwar daula a Kudancin Amurka, sai kowa ya hango hoton kufan nan na Machu Picchu a kan dutse, har wasu su rantse nan ce fadar mulki. Ina! Babban birninsu Kusko ne a ƙasar Peru, kuma har yau mutane na zaune cikinsa. Machu Picchu masauki ne da Sarki Pachakuti ya gina wajen 1450, Sifaniyawa da suka ci daular da yaƙi ma ba su taɓa kaiwa can ba, sai a 1911 Hiram Bingham, wani mai bincike ɗan Amurka, ya sanar da duniya shi.

Kusko kam Sifaniyawa sun shige shi a 1533, suka ɗora cocin Santo Domingo a kan Korikancha, ɗakin bautar rana, shi ya sa masu zagayawa da baƙi ke nuna maka ƙasan bango aikin Inka, duwatsu a manne ba siminti, samansa kuma na Turawa. Girgizar ƙasar 1950 ta rusa sashen cocin, bangon Inka na tsaye abinsa.

Wani abin kuma, Kusko ya fi tudu, kusan mita 3,400, Machu Picchu wajen 2,430, don haka a Kusko numfashi ke yi wa baƙo wuya.