Faɗuwar darajar mota da lissafin GP: me ake nufi?

In ka ji akanta ko ɗan inshora yana maganar faɗuwar darajar mota, abin da yake nufi shi ne yadda kuɗin motar ke raguwa shekara bayan shekara saboda tsufa da aiki, ko da kuwa ba ta taɓa yin hatsari ba, ko fenti bai kankare ba. Wannan kowa ya sani. Inda mutane ke rikicewa shi ne yadda raguwar take tafiya, don da yawa sun ɗauka kuɗi iri ɗaya ne ke zaftarewa duk shekara, alhali a kasuwa ba haka abin yake ba, kaso ne ke fita daga abin da ya rage.

Bari mu ɗauki misali. Ka sayi mota naira miliyan 10, mu ce tana rasa kashi 20 cikin ɗari duk shekara (adadin nan na misali ne kawai, kowace mota da nata). Shekarar farko miliyan 2 ta tafi, saura miliyan 8. To a shekara ta biyu kashi 20 ɗin daga miliyan 8 za a cire, ba daga 10 ba, wato miliyan 1.6, saura 6.4. Ta uku saura 5.12, ta huɗu 4.096, ta biyar 3,276,800. Duba lambobin nan da kyau: 10, 8, 6.4, 5.12... kowace in ka raba ta da wadda ta zo kafin ita 0.8 za ka samu, kullum 0.8. Jerin lambobi irin wannan, da ake samun na gaba ta hanyar ninka na baya da lamba ɗaya tak, shi ne GP (geometric progression) ɗin da aka koya mana a sakandare, wanda yake fitowa a WAEC da NECO, da yawanmu mun haddace shi don jarabawa ne kawai ba wanda ya ce mana ai ga shi nan a fake a ƙofar gida.

Shi ya sa ba sai ka bi shekara-shekara ba. Ka ɗauki kuɗin saye, ka ninka shi da 0.8, abin da ya fito ka sake ninka shi da 0.8, haka har sau adadin shekarun, shi ke nan. Shekara 10 kake so? Kalkuletar waya za ta ba ka kusan miliyan 1 da dubu 74. 'Yan makaranta ku kula da wani wuri da ake yawan faɗuwa: lamba ta farko a jerin ranar saye ce, don haka darajar bayan shekara 5 lamba ta 6 ce, ba ta 5 ba. Maki da yawa na zubewa a nan.

Abin da ya sa na fi yarda da wannan lissafin shi ne ya yi kama da abin da dillalai ke gani da idonsu. Akwai wata hanyar da akantoci ke bi, a cire kuɗi iri ɗaya duk shekara, tana da sauƙi a littafin kamfani amma in ka bi ta a misalinmu, miliyan 2 sau 5, motar ta zama sifiri a shekara ta biyar, kuma wa ya taɓa ganin Corolla mai shekara biyar da aka bayar kyauta? A GP kuwa asarar na da zafi a farko sannan ta riƙa laushi, miliyan 2 a shekarar farko, dubu 819 da ɗoriya a ta biyar, kuma ba ta kaiwa sifiri har abada, ko ta mutu murus 'yan gwangwan da masu kayan gyara za su saka mata kuɗi. Mai sayen sabuwa dal shi ke ɗaukar kaso mafi nauyi, wanda ya jira 'yar Kwatano ko tokumbo ya tarar an riga an biya masa wannan.

Kuma kana iya juya lissafin ka gano kason da kanka. Motar da aka saya miliyan 10 aka sayar 8.1 bayan shekara biyu, 8.1 a raba da 10 ya ba da 0.81, wace lamba ce in ta ninka kanta take ba da 0.81? 0.9. Ke nan kashi 10 take rasawa a shekara, mai riƙe daraja ce. Irin su Hilux da Corolla an san su da haka saboda kayan gyara ko'ina akwai kuma kowane bakanike ya san cikinsu, motar da ke haya kullum a kan hanya kuwa kasonta ya fi haka nesa.

Na san wani zai ce, Malam a Najeriya fa mota tashi take yi ba faɗuwa ba, na sayi tawa na hau na sayar da riba. Gaskiya ne an ga haka, musamman bayan watan Yunin 2023 da gwamnati ta saki naira kasuwa ta yi mata farashi. Amma a lissafa. A farkon 2023 dala wajen naira 750 take a hannun 'yan canji irin na Wapa, a 2024 ta kai wajen 1,500. Motar dala dubu 10 a lokacin miliyan 7.5 ke nan, bayan shekara ta koma dala dubu 8, amma a naira miliyan 12! Mai ita yana murna ya ci miliyan 4.5, sai ya je sayen irin wadda ya saya da farko a ce masa miliyan 15. Motar ta faɗi yadda ta saba, nairar ce ta fi ta saurin faɗuwa. A Maraɗi ko Yamai da sefa ke ɗaure da yuro, raguwar ta fi fitowa fili a farashi.

Don haka in za ka yi wannan lissafin a nan gida, ka mayar da kuɗin saye zuwa dala a farashin ranar da ka saya, ka riƙa ninka shi da kason da ke saura (0.8 a misalinmu) sau ɗaya kan kowace shekara da ta yi a hannunka, sannan ka dawo da shi naira a farashin yau kafin ka je wajen dillali.